Rinin Zamani: Sharhi a Kan Manhajojin da Ke Sa wa Bidiyo Kamannin Tsohon Fim

Shekaru masu yawa masana sinadari na kamfanin Kodak a Amurka, da na Agfa a Jamus, da na Fuji a Japan suka yi suna fama dare da rana a kan buri guda, watau su sami zaren fim wanda hotonsa zai fito garau, babu tsaki-tsaki a fuskarsa, babu jan zobe a gefen fitila, babu rawa idan an haska shi a bango. Amma ko da kyamarar dijital ta zo ta cika wannan buri cikin ɗan ƙanƙanen lokaci, har ta kai Kodak ya shigar da takardar karayar arziki gaban kotu a watan Janairu na 2012, Fuji kuma ya daina yin zaren ɗaukar fim a 2013, sai ga masu sana'ar da kansu sun juyo suna cigiyar abin da aka kawar, suna biyan kuɗi domin a mayar musu da shi. Wannan al'amari ya cancanci a zauna a yi masa tahkiki, domin mutum mai hankali ba ya komawa neman abin da ya yar sai in ya gane cewa akwai wani alheri da ya bi shara.

Abin da ake mayar da shi kuwa wasu ƙananan manhajoji ne waɗanda masu tace fim ke kira filogin. Ba sa aiki su kaɗai, sai an ɗora su a kan babbar manhajar tacewa, kamar DaVinci Resolve ko Premiere Pro ko Final Cut Pro, sa'an nan edita ya zaɓi sunan wani zaren fim daga cikin jeri, hoton da ya ɗauka jiya da kyamarar zamani ya rikiɗe ya ɗauki launi da yanayi irin na dā. Daga cikin waɗanda suka shahara akwai Magic Bullet na kamfanin Red Giant, wanda yake cikin na farko-farko, da FilmConvert wanda aka ƙirƙira a ƙasar Niyu Zilan, da Dehancer, da Filmbox. Kuma buƙatar ta yi yawa har kamfanin Blackmagic, mai DaVinci Resolve, ya ga babu makawa ya sa nasa a cikin manhajar tasa a 2024. Sunayen ba su ne muhimmai ba, gobe wasu za su shuɗe wasu su fito. Mas'alar ita ce: mene ne ainihin abin da suke kwaikwayo, kuma wane ɓangare nasa ne ya cancanci a kwaikwaya?

Ba a fahimtar reshe sai an san asali, saboda haka wajibi ne mu fara da zaren fim kansa. Leda ce siririya, galibi mai faɗin milimita 35 ko 16, wadda aka shafe fuskarta da wani danƙo da ake samu daga ƙashi da fatar dabbobi, a cikin danƙon kuma aka barbaɗa ƙwayoyin gishirin azurfa waɗanda ido ba ya iya gani, masu canza hali idan haske ya taɓa su. Waɗannan ƙwayoyi ba a jere suke sahu-sahu ba, a warwatse suke kamar irin da aka watsa a gona, wasu manya wasu ƙanana. Kuma tun da yake kowace daƙiƙa hotuna 24 ne ke wucewa, kowanne a kan sabon yanki na leda mai nasa barbaɗin dabam, sai fuskar hoton ta zama tana motsi a hankali ko da abin da aka ɗauka bango ne tsayayye. Wannan shi ne tsaki-tsakin da editoci ke kira giren. Kyamarar dijital kuwa allonta ɗigo-ɗigo ne a jere a sahu, kowane ɗigo yana nan inda yake daga farkon fim zuwa ƙarshensa, shi ya sa hotonta yake fitowa sumul, wani lokaci har sumul ɗin ya yi yawa, fuskar mutum ta zama kamar ta roba.

Amma tsaki-tsaki, duk da shi ne ido ya fi saurin kamawa, ba shi ne babban sirrin ba. Babban sirrin yana cikin ladabin da fim ke yi wa haske. Idan haske ya yi ta ƙaruwa a kan zaren fim, ƙwayoyin azurfa ba sa cika gaba ɗaya, suna ƙoshi ne sannu a hankali, ta yadda farar riga a tsakar rana za ta ci gaba da nuna ninkinta da aikin wuyanta, gajimare ya riƙe siffarsa, goshin mai gumi ya yi sheƙi ba tare da ya ƙone ba. Allon dijital, musamman na kyamarori masu araha, halinsa irin na mudu ne: yana karɓa daidai wa daida har ya cika, da zarar ya cika kuwa sai sauran ya zube, wurin ya zama fari fat, babu abin da za a iya tsamowa daga cikinsa. Haka kuma launi. A kan fim mai launi shimfiɗa uku ce a kan juna, ta sama mai jin shuɗi, ta tsakiya mai jin kore, ta ƙasa mai jin ja, kuma a wurin wanki ake cire azurfar a bar rini a madadinta. Rini kuwa, kamar yadda kowane marini ya sani, gwargwadon yadda ya kama haka yake ƙara duhu da nauyi, alhali launin da allo ke yi da haske gwargwadon ƙarfinsa haka yake ƙara ƙyalli. Wannan ne dalilin da ya sa jan fim yake da zurfi kamar na jan yadi mai tsada, jan bidiyo kuwa sau da yawa ya yi ta ihu a ido.

Daga wannan jeri na shimfiɗa uku ne kuma jan zoben nan yake fitowa. Idan haske mai ƙarfi, kamar fitilar mota da dare, ya huda shimfiɗun duka ya kai ga bayan ledar, sai ya dawo ya bugi shimfiɗar da ta fi kusa da shi, watau mai jin ja, ya bar wata da'ira ja-ja a kewayen fitilar, kamar yadda wata ke kafa sansani a daren hazo. Masu yin fim ɗin sun ɗauki wannan a kan aibi ne, har suka riƙa shafe bayan ledar da baƙin shafi domin ya shanye hasken. Yau kuwa akwai kamfani mai suna CineStill wanda ke sayar da zaren da ba shi da wannan shafi, don masu son zoben ya fito sosai, kuma kusan kowace filogin tana da maɓallin ƙara shi.

Yadda ake ƙera waɗannan manhajoji shi ma abin lura ne. Masu yin na kirki sukan ɗauki allo mai ɗauke da murabba'ai na launuka sanannu, su ɗauke shi da zaren fim na gaske, kamar Vision3 500T na Kodak wanda aka yi domin hasken fitila ko 250D wanda aka yi domin hasken rana, sa'an nan su sake ɗaukar allon da kyamarar dijital a ƙarƙashin haske guda, su auna bambancin, su mayar da shi lissafi. Mafi sauƙin wannan lissafi shi ne jadawalin da ake kira LUT, wanda aikinsa kawai ya ce in launi kaza ya shigo launi kaza zai fita. Amma jadawali bai san maƙwabtaka ba, ba zai iya yin zobe ko tsaki-tsaki ba, tun da waɗannan sun dogara ne ga abin da ke gefen ɗigo da abin da ya gabace shi, sai an haɗa da wani lissafin mai zurfi. A nan ne kuma ya kamata a faɗi wata gaskiya wadda masu talla ba su cika faɗa ba, ita ce babu wani abu guda tak da za a nuna a ce shi ne kamannin fim. Hoton da ya isa idon mai kallo a gidan silima ya ratso silsila ce doguwa: irin zaren da aka ɗauka da shi, da gilashin kyamara, da hannun mai wanki da zafin ruwan sinadarinsa, da zaren da aka buga kwafin nuni a kansa, kamar 2383 na Kodak, da fitilar majigi, har da tsabtar labulen da aka haska. Wanda ya ce ya ba ka kamannin Kodak da maɓalli guda, misalinsa kamar mai kawo ruwaya ne ya ambaci mafarinta ya tsallake dukan mutanen da ke tsakani. Mai yiwuwa ne maganar ta inganta, amma isnadin yankakke ne.

Manyan masu wannan fanni sun yi saɓani a kan ko kwaikwayon yana kaiwa ga asali. Akwai mazhabar su Christopher Nolan da Quentin Tarantino, waɗanda ba su yarda da musaya ba. Suna cikin daraktocin da suka matsa wa manyan kamfanonin Hollywood lamba har aka ƙulla yarjejeniya da Kodak a 2015 cewa za a ci gaba da sayen zarensa, kuma Nolan ya ɗauki Oppenheimer na 2023 a kan zare mai faɗin milimita 65. Akwai kuma mazhabar Steve Yedlin, mai ɗaukar hoto wanda ya ɗauki abu guda da fim da kuma dijital, ya bi da na dijital ɗin ta cikin lissafin da ya ƙera da kansa, ya jera su ya gayyaci abokan sana'arsa su rarrabe. Hujjarsa ita ce kyamara ma'auniya ce kawai mai tattara haske, kamanni kuwa a wurin sarrafawa ake yin sa, kuma a bisa wannan ra'ayi ya ɗauki Knives Out na 2019 da kyamarar dijital mai suna Alexa. Tsakanin biyun akwai masu bin hanyar sulhu, kamar Greig Fraser a fim ɗin Dune na 2021, wanda aka ɗauka da dijital, aka buga shi a kan zaren fim na gaske, aka wanke, sa'an nan aka sake mayar da shi cikin kwamfuta, domin azurfa ta sa masa hannu ko da sau ɗaya ne. Ni dai a nawa ganin Yedlin ya fi kusa da daidai ta fuskar abin da ido ke gani, da sharaɗin a tuna cewa shekaru ya yi yana awo kafin ya kai ga haka, kuma abin da ya kai gare shi ba shi ne ake samu a jerin sunayen da yaro ke latsawa a wayarsa ba.

Me ya sa zukata ke karkata ga wannan kamanni? Wani ɓangare sabo ne, domin duk manyan fina-finan ƙarni na 20 da shi aka gan su, bidiyo kuwa aka san shi da labaran talabijin da kaset ɗin biki, har ido ya koyi cewa wancan shi ne na ƙasaita. Amma ban yarda sabo ne kaɗai ba. Wanda ya taɓa riƙe baƙin rawani da aka rina a karofi aka buga shi da shuni har ya yi ƙyalli, ya san yana zuba a hannu da goshi, kuma a ma'aunin masaƙar zamani wannan zuba aibi ne. Duk da haka masu sanin darajarsa, musamman Buzaye, da wannan zubar suke gane na gaske, domin ita ce shaidar cewa abu ne da ya ratsa hannun mutum da ruwa da rana. Tsaki-tsakin fim ma haka yake: yana tausasa kaifin hoto, yana haɗe fuska da bango da sarari su zama jiki ɗaya, yana kuma rufa wa fatar ɗan Adam asiri a inda kyamarar zamani ke tona kowane ƙurji.

Sai dai akwai inda kwaikwayon ke yi mana illa mu musamman, kuma na ga haka da idona a shagon wani matashin edita, ɗaki ɗan ƙarami mai labule baƙi, inda yake tace bidiyon wani biki. Amarya ce zaune cikin farin leshi, fitila a samanta, leshin ya ƙone fari fat wajen kafaɗa. Ya latsa sunan wani zaren Kodak, nan take leshin ya huce, zanen furanninsa ya ɗan dawo, fitilar ta yi sansaninta ja, muka ce madalla. Amma da muka dubi fuskar, sai muka ga ta nutse, kumatun sun yi toka-toka, idanun sun shige duhu, lallen hannunta ya haɗe da fatar har ba a rarrabewa. Ya yi shiru, sa'an nan ya ce, "Malam, ai kullum haka yake yi mini, sai na rage shi zuwa rabi na ware fuskar dabam." Yaron ya gano da gwaji abin da yake da tushe a tarihi. Kwafin nuni na silima an yi shi ne ya zurfafa inuwa, baƙar fata kuwa a ma'aunin haske kusa da inuwa take zama. Kuma tun daga wajen shekarun 1950 katin da Kodak ke raba wa masu wankin hoto domin daidaita launi, wanda ake kira katin Shirley, hoton Baturiya ne a kansa, sai a tsakiyar shekarun 1990 aka fitar da mai ɗauke da mata masu launin fata dabam-dabam. Wata mai bincike a Kanada, Lorna Roth, ta bayyana cewa daga cikin abin da ya sa kamfanin ya gyara yadda zarensa ke ɗaukar launin ƙasa-ƙasa har da koken masu sayar da cakulan da kayan katako. Saboda haka wanda ya ari kamannin tsohon zare ba tare da bincike ba, yana iya arowa har da son zuciyar da aka gina shi a kai.

Wannan ba yana nufin abin ba ya gyaruwa ba. Fim ɗin Moonlight na 2016, wanda 'yan wasansa baƙaƙen fata ne, da Alexa aka ɗauke shi, aka kwaikwayi zaren Fuji a kashinsa na farko, na Agfa a na biyu, na Kodak a na uku, kuma masana sun yaba da yadda fata ta fito a cikinsa da sheƙi da zurfi. Amma an kai ga haka ne domin mai ɗauka da mai daidaita launi sun fara da fatar, suka auna haskensu a kanta, sa'an nan suka lanƙwasa lissafin ya bi ta. Niyya da tartibi ke nan, ba sunan zare ba.

Akwai kuma wata tambaya da ya kamata mai yin fim na Hausa ya yi wa kansa: wane fim ne muke bege? Masana'antarmu ta Kano a kan kaset ɗin bidiyo aka haife ta, tun daga Turmin Danya na ƙungiyar Tumbin Giwa a 1990, ba ta ratsa zamanin azurfa ba. Abin da iyayenmu suka gani a majigin da ake kafawa a ƙofar fada, da abin da aka gani a gidajen silima na Rex da Palace da Plaza na fina-finan Indiya da na kaboyi, galibinsa kwafi ne da ya gaji da yawo, ya zaga ƙasashe kafin ya iso, ya karce har kamar ana ruwan sama a cikinsa, ya tsinke an liƙa, launinsa ya koɗe ya koma ja-ja saboda rinin shuɗi-kore da na rawaya sun fi saurin gudu. Wannan ba kamannin fim ba ne, ciwonsa ne. Da yawa daga cikin abin da matasa ke zubawa a waƙoƙi da tallace-tallace, na karce da ƙura da walƙiyar ja a gefe, kwaikwayon wannan ciwo ne, kuma ban ga hikimar mutum ya saƙa sabuwar riga ya bi ta da reza don a ce ta gado ce ba. Ga shi kuma akasarin masu kallonmu a waya suke kallo, ta YouTube ko ta abin da aka turo a WhatsApp, inda ake matse bidiyo domin ya yi sauƙin tafiya. Tsaki-tsaki kuwa, da yake yana canzawa a kowane hoto, shi ne abin da matsewa ta fi ƙi, sai ta dame shi ya zama dabbare-dabbare. Matsalar ta kai har masu tsarin matsewa na AV1 suka ƙirƙiro dabarar cire shi kafin aikawa, na'urar mai kallo ta sake yayyafa irinsa a can.

Ta fuskar amana, hukuncin a ganina a sarari yake. Rina hoton wasan kwaikwayo domin ya dace da zamanin labarinsa, kamar yadda aka yi wa The Holdovers na 2023 har ya zama tamkar an ɗauke shi a farkon shekarun 1970, ado ne, kuma mai kallo ya san wasa yake kallo. Amma a ɗauki hoton jiya a tsofar da shi, a saka shi cikin shirin tarihi ko a watsa shi a ce ga Kano a zamanin Turawa, ba tare da an bayyana ba, wannan algus ne, daidai yake da jiƙa takarda da ruwan shayi a ce wasiƙar magabata ce. Kuma tun da yake mutanenmu suna gaskata tsohon hoto fiye da yadda suke gaskata magana, alhakin mai yin haka ya fi nauyi.

Abu guda ne na tabbata babu manhajar da za ta kawo shi. Gwangwanin zare mai ƙafa 400 na milimita 35 kusan minti huɗu da rabi kawai yake ɗauka, kuma kowace ƙafa kuɗi ce, ba a kuma ganin sakamako sai an wanke. Saboda haka mutanen dā ba sa kunna kyamara sai an auna haske, an maimaita wasa, an san inda kowa zai tsaya. Rabin kyan da muke jingina wa azurfa na wannan natsuwa ne. Leshin amaryar nan da ya ƙone ƙurmus a wani wurin, filogin ba ta dawo da shi ba, ta dai shafa masa toka. Da an rage fitilar tun a wurin biki da ba a buƙaci ceto ba.

Muna kuwa da namu asalin da za mu auna a kansa, in da za mu kula da shi. Shaihu Umar, wanda Adamu Halilu ya shirya a 1976 daga littafin Abubakar Tafawa Ɓalewa, a kan zaren fim aka ɗauke shi, da fuskokinmu da rigunanmu da ranarmu. An daɗe ana zaton ya ɓace, sai a 2016 aka gano gwangwanayensa a ma'ajiyar Hukumar Fina-finai ta Nijeriya, cibiyar Arsenal ta Jamus ta taimaka aka gyara shi, aka nuna shi a bikin fina-finai na Balin a 2018. Irinsa da yawa suna nan a gwangwani, a Nijeriya da Nijar, zafi da laima suna cin su, domin ledar idan ta fara ruɓewa takan yi wari mai tsami kuma ba ta komawa. Ina kira ga Hukumar Fina-finai ta Nijeriya da ke Jos, da jami'o'inmu masu koyar da wannan fanni, da manyan furodusoshin Kano da Kaduna, su haɗa hannu a wanke waɗannan a mayar da su cikin kwamfuta tun ba su narke ba, a kuma buɗe su ga matasan editoci su zauna su kalla, su ga yadda baƙar fuska da farar riga suke zama tare a kan azurfa a ƙarƙashin ranar ƙasar Hausa, sa'an nan su koma kan na'urorinsu su auna da abin da suka gani.